Yawon Ɗanɗana Abinci a Meksiko: Da Ɗan Jagora ko Kai Kaɗai, Kuma a Wane Gari?

Baƙon da ya sauka a ƙasar Meksiko ba ya daɗewa kafin ya lura cewa mafi daɗin abincin ƙasar a tsaye ake cinsa, a bakin titi ko a cikin kasuwa, a kan farantin roba da aka sa wa leda, mutum yana kafaɗa da kafaɗa da ma'aikacin banki da direban tasi. Wannan ɗabi'a ce ta haifar da wata sana'a a manyan biranen ƙasar, inda ɗan gari ke tara baƙi kaɗan, ya zagaya da su a ƙafa daga rumfa zuwa rumfa, suna ɗanɗanawa yana yi musu bayani. Matafiyin da kwanakinsa ƙidayayyu ne dole ya yanke shawara biyu: ko ya biya ɗan jagora ko ya shiga gari da kansa, sannan a wane gari ya fi dacewa ya kashe kuɗin, birnin Meksiko, Puebla ko Oaxaca, wanda ake furtawa Wahaka.

Galibi irin wannan yawo yana ɗaukar awa uku zuwa huɗu, ana tsayawa a wurare kamar shida zuwa takwas, kuma abin da ake ci a hanya ya isa ya maye gurbin cikakken abincin rana. Ana biyan kuɗin tun kafin ranar ta intanet, sau da yawa da dalar Amurka, ban da tukuicin da ake sa ran a miƙa wa ɗan jagora a ƙarshe. Duk wanda ya yi lissafi zai ga cewa kuɗin ya ninka farashin abincin sau da yawa, domin taco, wainar masara da ake naɗe nama ko ganye a ciki, a bakin titi 'yan peso kaɗan ne. Saboda haka abin da ake saye shi ne sanin gari da harshe da amanar da ke tsakanin ɗan jagora da masu rumfuna, kuma a kan waɗannan ya kamata a auna ko kuɗin ya biya.

Kafin a auna, akwai buƙatar sanin tushen abincin. Masara ce gimshiƙi. Ana dafa ta da ruwan wani farin gari na ƙonannen dutse da suke kira cal, a bar ta ta kwana a jiƙe, a wanke, sannan a niƙa ta zama ƙulli, aikin da ya yi kama da yadda kanwa ko toka ke tausasa hatsi a girkinmu. Daga wannan ƙulli ake yin tortilla, wato siririyar waina mai faɗi da ake gasawa a kan kasko ba tare da mai ba, kuma a cikinta ake naɗe nama ko ganye a kira shi taco. A shekarar 2010 hukumar UNESCO ta sa girkin gargajiya na Meksiko cikin jerin al'adun da duniya ta gada, saboda wannan haɗin masara da wake da barkono da ya girmi zuwan Turawa da dubban shekaru. Tortilla ta masara zalla ba ta ɗauke da komai sai masara da ruwa da cal. Matsalar tana farawa ne daga abin da aka ɗora a kanta, da kuma man da aka soya shi.

Mutanen Sifaniya da suka ci ƙasar da yaƙi a 1521 su ne suka shigo da alade, kuma cikin ƙarnukan da suka biyo baya kitsensa, wanda ake kira manteca, ya ratsa girkin ƙasar ta yadda ido ba ya iya gano shi. Ga mafi yawan masu karatun Hausa, waɗanda Musulmi ne, wannan shi ne babban al'amari a duk zancen. Waken da aka dafa aka dama aka soya, frijoles refritos, sau da yawa da manteca ake soya shi. Tamal, wanda ake naɗewa a ɓawon masara ko ganyen ayaba a turara kamar alala, da wuya a sami na gargajiya da ba a cuɗa ƙullinsa da kitsen alade ba, ko da abin da ke cikinsa kaza ce ko cuku. Tortilla ta fulawa ma akan sa mata. Shi kuwa suadero naman sa ne, amma a birnin Meksiko ana dafa shi a cikin wani faffaɗan kasko mai tudu a tsakiya, yana ninkaya a mai ɗaya da tsiran alade da ake kira longaniza.

Abin da ya fi yaudarar baƙo shi ne naman da ake gani yana juyawa a tsaye a kan ƙarfe, tamkar shawarma. Gaskiya ne daga shawarma ya samo asali, domin baƙi daga Gabas ta Tsakiya, musamman Lebanon, ne suka kawo wannan salon gashi a farkon rabin ƙarni na 20. Sai dai tacos al pastor na yau naman alade ne da aka jiƙa da jan haɗi, aka ɗora masa abarba. A Puebla akwai ma wanda sunansa tacos árabes, wato taco na Larabawa, ana naɗe shi a cikin gurasa, kuma shi ma a yanzu da naman alade ake yinsa. Wanda ya dogara da suna ko da kamanni zai yi kuskure a nan, kuma ba laifin mai rumfa ba ne, domin a ƙidayar 2020 Musulmin da ke ƙasar ba su kai 10,000 ba, don haka kalmar halal baƙuwa ce ga yawancin masu sayar da abinci.

A nan ne na ga ɗan jagora ya fi amfani. Da ɗan gari akan ci gari. Shi ya san wace mata ce ke gasa tlacoyo ɗinta, wata wainar masara mai kauri, a busasshen kasko, wace ce ke yayyafa mata kitse; ya san rumfar da ke amfani da man gwangwani; kuma idan ya tambaya da Sifaniyanci a wurin da ya saba kawo baƙi, amsar da za a ba shi ta fi wadda za a ba baƙon da ke nuni da yatsa a tsakiyar cunkoso. Amma wannan amfanin yana da sharaɗi, wato a sanar da kamfanin a rubuce kafin a biya, a kuma fayyace cewa maganar ta haɗa da kitse da romo da kaskon da aka haɗa, domin mutane da yawa a can idan aka ce musu ba a cin alade, tsoka kawai suke fahimta. Kamfanin da ya amsa da bayani dalla-dalla, ya faɗi wuraren da zai musanya da waɗanda ba zai iya ba, shi ne abin riƙewa. Wanda ya amsa da cewa babu damuwa kawai, ba tare da ƙarin bayani ba, ni dai ba zan ba shi kuɗina ba.

Tafiya kai kaɗai tana da nata alheri, kuma ba ƙarami ba ne. Kuɗin yawo guda zai iya ciyar da mutum kwanaki a bakin titi. Ba a gaggauta shi, yana iya komawa rumfar da ta yi masa daɗi sau uku, yana kuma iya tsayawa sallah a lokacinta ba tare da ya tsayar da mutum takwas ba. Ƙa'idojin zaɓen rumfa ma ba baƙi ba ne ga wanda ya saba da kasuwannin gida: a bi inda layi yake, musamman inda ake ganin mata da yara, a ci abin da aka sauke daga wuta a gaban ido, a lura ko hannun da ke karɓar kuɗi shi ne ke taɓa abinci. Jimloli kaɗan suna aiki sosai, irin su sin puerco, ma'ana ban da alade, da ¿tiene manteca?, ma'ana akwai kitsen alade a ciki, da sin alcohol, ma'ana ban da barasa. Iyakar wannan hanya ita ce, tambaya tana da sauƙi amma amsar tana zuwa da sauri da tsawo, kuma wanda bai ji harshen ba yakan ƙare da cin abu uku ko huɗu da ya amince da su har ya bar ƙasar, alhali kasuwar cike take da abin da ya halatta gare shi bai sani ba.

Shawarar da na fi gamsuwa da ita ita ce a haɗa biyun, amma a kiyaye jeri: ɗan jagora a rana ta farko ko ta biyu, sauran kwanakin kuma mutum ya yi amfani da abin da ya koya. Wanda ya ajiye yawon sai ranar ƙarshe ya sayi ilimin da ba zai mora ba.

Daga nan sai batun rukuni ko yawo na keɓe. Na rukuni ya fi araha, amma an riga an tsara hanyarsa domin yawancin baƙi, kuma yawancin baƙi al pastor suka zo ci. Mai ƙa'idar abinci a cikin rukuni yakan tsinci kansa yana kallo a tsayawa biyu ko uku, ya biya cikakken kuɗi ya ci rabi. Na keɓe ya fi tsada, sai dai idan iyali ne ko abokan tafiya huɗu zuwa shida, bambancin yana raguwa sosai idan aka raba, kuma hanya gaba ɗaya ana gina ta ne bisa buƙatarsu. Akwai hanya ta uku da mutane ba su cika tunawa da ita ba, wato yawon da aka shirya domin waɗanda ba sa cin nama ko duk wani abu da ya fito daga dabba, wanda ake samu a birnin Meksiko. Wannan yana kawar da batun kitse da batun yanka a lokaci guda. Batun yanka kuwa ba na wasa ba ne, domin ko naman sa da na rago ba bisa tsarin Musulunci ake yanka su ba a mahautan ƙasar, kuma yadda mutum zai ɗauki yankan Ahlul Kitabi abu ne da ya kamata ya warware da malaminsa tun yana gida, kada ya bari sai yana tsaye a gaban gashi.

Lokacin yini ma yana sauya komai. Yawon safe da na tsakar rana kasuwa ake shiga, inda ake samun 'ya'yan itatuwa, da atole mai kama da kunu, da quesadilla, wato tortilla da aka ninke aka cusa wa furen kabewa ko laimar kwaɗi ko huitlacoche, wani baƙin tsiro da ke fitowa a jikin zangarniyar masara wanda suke ɗauka abin marmari, da tlacoyo na shuɗiyar masara da aka cusa wa wake aka ɗora wa nopal, ganyen wani tsiro mai ƙaya da ake fere shi a dafa, mai yauƙi kamar kuɓewa. Yawon dare kuwa na taco ne, mafi yawansa alade, kuma sau da yawa yana ƙarewa a mashaya da ɗanɗana barasar mezcal ko pulque, wani ruwan tsiron maguey da ya yi tsami kamar bammi. Ko tepache, wanda ake yi da ɓawon abarba ake sayarwa kamar lemo, yana da ɗan barasa saboda an bar shi ya yi tsami. Ga wanda ba ya sha, yawon dare asara ce ta kuɗi, na rana shi ne nasa.

A cikin garuruwan uku, birnin Meksiko ya fi kowanne yawan zaɓi, kuma shi ne inda tazarar da ke tsakanin tafiya da jagora da tafiya babu shi ta fi fitowa fili, gwargwadon unguwa. A Roma da Condesa tituna shimfiɗaɗɗu ne masu inuwa, ana jin Turanci, farashi ya ɗan ɗaga, kuma mutum zai iya zagayawa da kansa ba tare da wata wahala ba. Biyan jagora a nan jin daɗi ne kawai. Kasuwar Coyoacán ma haka take, inda ake samun tostada, wato soyayyiyar tortilla mai ƙaras-ƙaras da ake ɗora wa kifi ko jatan lande da aka jiƙa da lemun tsami. La Merced kuwa wata duniya ce daban. Tana gabas da babban dandalin Zócalo, ita ce mafi girma a cikin kasuwannin gargajiya na birnin, lunguna ne cikin lunguna, masu tura kaya suna ihun a ba su hanya, kuma 'yan sane ba sa rasa aiki. Wanda ya taɓa ɓata a kasuwar Kurmi zai gane yanayin. A can ake ganin tulin busasshen barkono iri-iri, ancho da guajillo da pasilla da chipotle, kowanne da aikinsa, kuma ba tare da mai bayani ba duk tsibi ɗaya ne a idon baƙo. Idan sau ɗaya kawai mutum zai biya jagora a duk tafiyarsa, a La Merced ya kamata ya biya.

Wanda tafiyarsa ta haɗa da Asabar ko Lahadi ya nemi barbacoa, naman rago da ake naɗewa a ganyen maguey a binne a rami mai garwashi ya kwana, al'adar da jihar Hidalgo ta yi suna da ita, a ci da safe tare da romonsa. Rumfar da barbacoa kaɗai take sayarwa ta fi aminci daga cuɗanya da alade fiye da rumfar taco mai nama iri biyar. Wani abu da ya kamata a sa a lissafi shi ne tsayin birnin, kimanin mita 2,240 daga matakin teku, wanda ke sa numfashi ya yi gajere ga wanda ya taso daga ƙasa mai kwari, don haka awa huɗu a ƙafa a ranar sauka daga jirgi ba dabara ba ce.

Wahaka ta fi ƙanƙanta, ta fi natsuwa, tana kimanin mita 1,550, kuma a ganina girkinta ya fi zurfi. Tana nesa da babban birnin da kusan awa ɗaya a jirgin sama, ko awa shida zuwa bakwai a bas. Kasuwanninta biyu na tsakiyar gari, Benito Juárez da 20 de Noviembre, suna maƙwabtaka da juna, ta yadda yawon ba ya gajiyarwa. Garin ya shahara da mole iri bakwai, miya mai kauri da ake haɗawa da barkono da riɗi da gyaɗa da kayan ƙamshi, baƙar cikinsu har da cakulan, kuma kayan haɗinta kan haura ashirin. Bahaushe zai ji kamar ya zo gida a wurare da dama: ga fara da aka soya da tafarnuwa da lemun tsami da barkono, suna kiranta chapulines, ana auna ta a ƙaramin kwano, ga tejate, abin sha na masara da 'ya'yan koko da mata ke damawa da hannu a babban akushin ƙasa su zuba a jan ƙoƙo, ga agua de jamaica, wanda zoɓo ne ba wani abu ba, kuma Meksiko na cikin manyan masu sayen busasshen zoɓon da ake fitarwa daga Jigawa da Kano, ga kuma ruwan tsamiya, agua de tamarindo.

Duk da haka Wahaka ce ta fi buƙatar taka-tsantsan. Tlayuda, babbar tortilla mai faɗin faifai da ake yi wa laƙabi da alamar garin, ana fara shafe ta ne da asiento, wato gutsattsarin da ke kwantawa a ƙasan tukunya bayan an narka kitsen alade, sannan a sa wake da cukun quesillo. Memela, wata ƙaramar wainar masara mai kauri, ita ma haka. Ana iya cewa sin asiento a yi wa mutum babu, amma sai ya san kalmar, kuma sai an tabbatar da yadda aka dafa waken. Shi ma mole akan soya ƙullinsa da manteca. A cikin kasuwar 20 de Noviembre akwai wani layi mai suna Pasillo de Humo, layin hayaƙi, wanda ya yi kama da layin masu tsire: a zaɓi nama a auna a gasa a kan gawayi nan take. Tasajo naman sa ne da aka yanyanka siriri, amma cecina mai jan yaji da chorizo na alade ne, kuma a kan waya ɗaya ake gasa su. Ƙari a kan haka, jihar ce cibiyar mezcal, don haka kusan kowane yawon rukuni yana da tsayawar ɗanɗana shi. Hukuncina shi ne, Wahaka ta cancanci tafiya, amma da yawo na keɓe, ko kuma da darasin girki wanda ake farawa da cefane a kasuwa, inda mutum ke ganin duk abin da ya shiga tukunya yana kuma iya neman a sa man gwangwani.

Puebla, mai tazarar kimanin awa biyu a bas daga babban birnin, gari ne mai kyawun gini, kuma ga wanda ba shi da wata ƙa'idar abinci tana iya yin gogayya da kowane gari: mole poblano, da chalupas, wato ƙananan soyayyun tortilla, da chiles en nogada da ake yi daga wajen Yuli zuwa Satumba mai launin tutar ƙasar, koren tattasai da farar miya da jan rumman. Ga Musulmi kuwa ita ce mafi ƙarancin riba, domin chalupas a cikin manteca ake soya su, cikin chiles en nogada galibi akwai niƙaƙƙen naman alade, farar miyar ma akan ɗiga mata giyar inabi. Abin da ya rage shi ne cemita, burodi mai riɗi da za a iya nema da cuku da fiya kawai, sai kayan zaƙi na titin 6 Oriente, musamman camote na dankalin Hausa, amma ko a can a kauce wa borrachitos, waɗanda barasa ke cikinsu. Yini ɗaya babu jagora ya wadatar.

Batun lafiyar ciki bai bambanta tsakanin garuruwan ba. Ba a shan ruwan famfo, 'yan ƙasar ma na jarka suke sha, kuma jagora nagari ya san rumfar da ke haɗa zoɓonta da ƙanƙararta da tataccen ruwa, wanda wannan ma wani abu ne da baƙo ba zai gane da ido ba. Daga Yuni zuwa Satumba damina ce, kuma ruwan yakan sauko ne da yamma, wanda ƙarin dalili ne na zaɓar yawon safe. A ƙarshen Oktoba da farkon Nuwamba, lokacin bikin tunawa da matattu na ranakun 1 da 2 ga Nuwamba, Wahaka takan cika maƙil, masauki da jagorori duk suna ƙarewa da wuri, saboda haka mai niyyar zuwa a lokacin ya kama wurinsa watanni kafin ranar. A riƙe ƙananan kuɗin peso a aljihu, domin masu rumfuna da yawa ba sa karɓar kati, ba sa kuma son a miƙo musu babbar takarda a kan taco biyu.